Ƙishirwar Ɗan Fari

Roni, ranar Laraba da hantsi.

Zuwa ga Ɗan Inna,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Ina gaishe ka, ina kuma roƙon Allah ya sa lokacin da za ka buɗe wannan takarda motarku ta riga ta bar tashar Kazaure lafiya, ka sami kujera kusa da taga, ba a matse ka da buhun kowa ba. Allah ya tsare hanya, ya tsare direba daga gyangyaɗi, ya sauke ka a hannun mutanen kirki.

Na san za ka yi mamaki. Muna gida ɗaya, muna cin tuwon tukunya ɗaya, amma sai da na nemi biro da takarda kafin in yi maka magana. To ai ka san yadda muke ni da kai. Kai ne ɗan fari, ni kuwa Bafulatana ce da aka raina a ruga yamma da Gwiwa, inda uwa ba ta kama sunan ɗanta na fari, ba ta yi masa wasa a gaban mutane, ba ta nuna ta damu da shi. Shekarun da na yi ina koyarwa a firamare ba su goge mini wannan ba. Na kira sunan 'ya'yan mutane a aji har muryata ta dushe, naka kuwa ko sau ɗaya bai taɓa fita daga bakina ba. In ina neman ka sai in ce wa ƙannenka, "Ku kira Hammanku." Kai ma ka tashi kana ce mini Adda, kamar wata yayarka. Abin da baki ya kasa, bari hannu ya gwada. Zan ba ƙanwarka Rukayya ta cusa maka takardar a aljihun jaka, kusa da robar maganinka, don nan ne na tabbata hannunka zai kai.

Shekaranjiya ina tankaɗe a bayan ɗaki na ji kuna hira kai da ita. Ba laɓe na yi ba, katangar ce ba ta da kauri. Ta ce maka, "Hamma, in ka je sansanin bautar ƙasar za ka gaya musu zancen aikin da aka yi maka a kai?"

Ka ce, "In gaya wa wa? Don a riƙa nuna ni ana cewa ga mai lalura can? Kudu ba wanda ya san ni. Zan shiga kamar kowa, in fita kamar kowa."

Ta ce, "To in maganin ya sake ka kana tsakiyar fareti fa?"

Ka ce, "Sai in daure. Ai ba a kaina aka fara ƙishirwa ba."

Na ajiye rariyar, garin ma ban ƙarasa tankaɗe shi ba. Tsoro ne ya kama ni, don na gane muryar. Wannan "sai in daure" tawa ce, a nono ka sha ta. Barewa ba ta gudu ɗanta ya yi rarrafe. Sai dai ni dauriyata ba ta taɓa jikina ba, kai ta taɓa, kuma yanzu za ka ɗauke ta ka kai ta inda ba Rukayya, ba babanka, ba kowa da ya san abin da ake yi in ka faɗi. Shi ya sa zan zayyana maka inda na yi tuntuɓe, ko Allah zai sa ka tsallake wuraren.

Tun yaye kana hannun Inna, kakarka ta wajen uba, a Gwiwa, kamar yadda aka saba yi da ɗan fari. Ka dawo Roni lokacin da za ka shiga sakandare, ka dawo mini kusan baƙo, dogo, marar magana, mai cin tuwo kai a sunkuye. Kana aji uku randar tsakar gida ta fara ba ni mamaki. Randar da ake cikawa da safe ta kai mu magariba, sai ga shi kafin la'asar moɗa tana kartar gindinta. Na zargi ƙannenka da wasan ruwa. Na zargi randar da tsagewa, har na durƙusa ina shafa ta ina neman danshi. Daga baya na gane kai ne. Ka sha, ka zagaya, ka dawo ka sha. Ni na fara gani, kafin babanka, kafin kowa.

Wata uwar kiran ka za ta yi ta ce, "Zo nan, me ke damun ka?" Ni sai na aika Kazaure wurin Goggo Hajjo, ƙanwar babanka, na ce ta zo ta tambayi ɗanta. Ka ji fa. Tsakanin ɗakina da naka ba nisa, amma tambayata sai da ta hau mota ta je Kazaure ta dawo kafin ta iso wurinka. Goggo ba ta zo ba sai da ta gama hidimar wani biki. Ta dube ka sama da ƙasa, ta dawo ta ce mini, "Malama, girma ne ke zuwa masa. Ga zafin Roni, duwatsun nan gasa mutum suke yi kamar gurasa. Ki bar yaro ya sha ruwansa." Na ji daɗin maganar, don ita nake so in ji.

Sai katifarka ta fara fitowa rana. Kana shanya ta a bayan rumbu, inda kake zaton ba mai gani. Ni kuwa da hikimata ta malamar makaranta na ce ai wannan mai sauƙi ne, yaron da bai sha ba me zai fitar? Da an idar da isha'i sai in ɗauke moɗa in kai ɗakina, in kife faranti a bakin randa, in ɗora dutsen niƙa a kai. Ban ce maka komai ba, kai ma ba ka ce mini ba. Wata safiya na fito zuba wa kaji dusa, na hango ka a garke, durƙushe gaban kwamin shanun huɗar babanka. Da hannu ɗaya kana ture ƙaiƙayin da ke yawo a kan ruwan, da ɗayan kana sha. Wani jan sa daga cikinsu yana tsaye yana kallon ka. Ka san abin da na yi? Juyawa na yi na koma ɗaki, don kada ka gan ni ka ji kunya. A ɗakin na yi kuka. Ranar na mayar da moɗa wurinta, amma ban ce maka ka yi haƙuri ba. Yau nake cewa, ka yi haƙuri.

Daga baya likita ta gaya mana cewa jikinka zubar da ruwa yake yi ko ka sha ko ba ka sha ba, kuma hana irinka ruwa yana iya kai shi lahira. Don haka ka riƙe wannan. Ƙishirwarka ba kwaɗayi ba ce, ba kuma ragwantaka ba ce. In kana cikin mota ka ji maganin ya fara sakin ka, ka sha ruwa, ka ɗaga murya ka ce, "Direba, a taimaka a tsaya." Zai yi tsaki. Fasinjoji za su yi gunaguni, wata mata daga baya za ta ce ai yanzu aka tsaya. Tsakin direba bai taɓa kwantar da kowa a asibiti ba. Kada ka ce za ka kame bakinka tun daga Kano don gudun tsayar da mota. Na san dabarar tana ranka, don da ni ce ita zan yi.

Kuskurena na biyu na kunne ne. Da maganar ta fita, kowa ya zama likita. Yawan sha da yawan fitsari, ai ciwon suga ne, wa bai san wannan ba? Wata ranar kasuwar Gwiwa mun je gaishe da Inna, wata tsohuwa maƙwabciyarta ta kawo nata gwajin. Ta ce a zuba fitsarinka kusa da ramin kiyashi, in sun taru to suga ne. Aka zuba, muka zagaye ramin muna jira. Ko ɗaya bai leƙo ba. Tsohuwar ta ce, "Ƙoshi suka yi, jiya aka yi suna a gidan nan." Muka yarda da ita, muka ƙaryata kiyashi. Ashe duk gidan su kaɗai suka faɗi gaskiya.

Na hana ka shinkafa. Na hana ka rake da mazarƙwaila. Na riƙa matse shuwaka ina ba Rukayya ta kai maka, kana shanyewa ba ka ko yamutsa fuska. Wani mai kemis ya ba mu ƙwayar masu suga ba tare da ya gwada jininka ba, ka fara sha jiri ya kayar da kai a zaure, babanka ya watsa sauran a masai. Damina ta wuce, kaka ta wuce, kana ta ramewa, kana gaya wa Rukayya kanka na sara, ita kuma tana gaya mini. A ƙarshe keke ne ya kai mu asibiti. Kana dawowa daga gona a kansa, a bakin titin Kazaure, babur ya fito ta gefenka, ka rantse ba ka gan shi ba sam. Raunin ba shi da yawa, amma likitan da ya ɗinke maka goshi ya ce ka kalli hancinsa, ya riƙa kaɗa yatsa ta wajen kunnenka, ba ka ganin yatsan sai ya zo gabanka. Ya gwada jini, ba suga. Ya tura mu Kano a ɗauki hoton kanka.

A can wata likita siririya mai tabarau ta zaunar da mu, ni da babanka da Goggo, ta yi zane a bayan takarda. Ta ce, "Baba, a ƙarƙashin ƙwaƙwalwa, daidai bayan karan hanci, akwai wani ɗan nama da bai fi ƙwayar gujiya ba. Kashi biyu ne, na gaba da na baya. Na bayan shi ke aika wa ƙoda saƙo cewa ta riƙe ruwa, kada ya zube duka. To a nan ƙari ya fito wa ɗanku. Ya cinye wurin, ya girma har yana danne jijiyar ido."

Babanka ya ce, "Likita, in an cire ƙarin shi ke nan?"

Ta ce, "Idon muna sa ran za a cece shi. Amma ƙarin da ɓangaren bayan nan tare za su fita, ba yadda za a raba su. Saƙon da yake aikawa kuwa, daga yanzu ƙwaya ce za ta riƙa kai shi, iyakar rayuwarsa."

Babanka ya ce, "Wato kamar dam ɗin Kazaure ne aka sallami mai rufe ƙofar ruwa."

Ta ce, "Kusan haka ne, Baba. Ƙwayar ita ce sabon mai gadi, amma shi lokacin aiki gare shi, in ya cika sai ya tashi."

Ta kuma ja mana kunne da wani abu da nake so ka tuna. Ta ce ko a cikin ma'aikatan asibiti, wanda yake cikin sauri yana iya ɗaukar ciwonka a matsayin na suga, don alamun suna kama, sunayensu ma a takarda suna kama. Ka ga ke nan in ka faɗi a inda ba a san ka ba, abin da mutanen Roni suka yi shi mutanen can za su yi. Kowa zai kawo nasa kiyashin. Ranar da ka isa sansani, kafin ka nemi gado, ka nemi ɗakin shan maganinsu, ka nuna musu katinka na asibiti, ka ce da bakinka, "Ba suga ba ne. An cire mini ɓangaren baya na ɗan naman da ke ƙarƙashin ƙwaƙwalwa, ga maganin da nake sha, ba a tsallake shi." Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo, amma sai ya nuna wurin sannan maƙwabta za su taya shi yaɓe.

Yanzu na zo kan wanda ya fi yi mini nauyi. Aikin da aka yi maka yana da suna, kuma kai kanka na lura ba ka son faɗin sa. Niyurohaifofisektomi. Ranar da likita ta fara faɗa, Goggo ta ce, "La ilaha illallahu, sunan ma ai ya fi abin da za a cire tsawo." Ni kuwa na roƙe ta ta maimaita a hankali, na rubuta shi a tafin hannuna. Lokacin da aka shiga da kai, ina zaune a benci a baranda ina yanka shi gaɓa-gaɓa yadda nake koya wa 'yan aji ɗaya karatu, ina maimaitawa tsakanin salati da istigfari. Goggo ta zungure ni ta ce, "Malama, wannan addu'a ce ko zagi?" Na ci gaba da maimaitawa. Gani nake in na riƙe sunan abin da ake yi maka a bayan ƙofar nan, to na riƙe wani abu naka. Kafin a fito da kai na haddace shi. Har yau ko daga barci aka tashe ni zan kawo shi ba gargada. Na faɗe shi a gaban likitoci, na faɗe shi a kantunan magani na Kano har masu kanti suna leƙo kai su ga wace ce.

Bayan la'asar aka ce mu shiga. Ta hanci aka yi aikin, don haka kanka ba ɗinki, sai auduga cushe a hancin, leɓenka a bushe, idonka a rufe. Inna ta zo daga Gwiwa, tana tsaye a bakin ƙofa da carbinta, babanka yana bayanta. Wata nas ta ce, "Ina mahaifiyarsa?" Goggo ta nuna ni. Nas ɗin ta ce, "Mama, matso ki kira sunansa. So muke mu ga ko zai amsa. Muryar uwa suka fi ji."

Na matso. Na buɗe baki. Ga surukata a tsaye, ga babanka. Abin da ya fito shi ne, "Kai... kai yaro."

Ta ce, "Sunansa, Mama."

Sunan ya ƙi fitowa. Na kai hannu baya na ja gefen mayafin Goggo. Ta gane, ta matso ta kira ka. A kira na biyu ka buɗe ido, fuskarta ka fara gani, ka ce, "Ruwa." Kowa ya yi hamdala, ni ma na yi. Da muka fito baranda Inna ta dafa kafaɗata ta ce wa 'yan dubiya, "Yarinyar nan 'yar asali ce. Ko a nan ba ta zubar da kunyarta ba." An yabe ni a duniya kan abubuwa da dama, amma ba yabon da ya taɓa ƙona ni kamar wannan.

Ba na zargin Inna, Allah ya jiƙanta. Ita ta goya ka, ita ta tauna maka, kuma abin da ta yaba shi aka koya mata. Kunya ma ba na zagin ta. Ita ta sa ba ka taɓa ɗaga wa babanka murya ba, ita ta sa duk Roni ake cewa yaron gidan nan yana da natsuwa. Amma ranar wanka ba a ɓoyon cibi. Na haddace suna mai tsawon igiyar guga a yini ɗaya, na kasa faɗin wanda aka raɗa maka a kunne ina ɗaki ina ji. Da a ce ba Goggo a ɗakin nan fa? Wannan tambayar ta daɗe tana bi na. Inda za ka ba Goggon da za ka ja wa mayafi. In lokacin magana ya yi, kai za ka yi ta.

Sai zancen azumi, tunda zai same ka a can. Ka tuna na farko bayan aikin. Likita ta ce a dakata tukuna, limamin unguwarmu ma ya ce wa babanka Allah ya yi wa marar lafiya rangwame, a ciyar kawai. Kai ka ƙi, don abokanka suna tsokanar ka wai ƙato da kai kana cin rana. Ni kuma a zuciyata ina so a ce ɗan gidan nan ya warke sarai. Sai na kawo wata hikimar. Na ce wa Rukayya ta gaya maka ka ninka ƙwayar da sahur, ka cika cikinka da ruwa, yadda zai kai ka magariba. Na zaci ruwa guzuri ne da ake ɗaurewa a buhu. Da hantsi kana zaune a zaure ka fara amai, kana magana ba kan gado, ka kalli babanka ka tambaye shi ko shi wane ne. Kafin a samo mota jikinka ya fara karkarwa. A asibiti aka ce ruwa ne ya yi maka yawa, ƙwayar ta kulle ƙofa ya rasa hanyar fita, har ya tsinka gishirin jininka. Ni da na kusa kashe ka da hana ruwa, sai ga shi na kusa kashe ka da ba da shi.

Don haka kada ka ƙara ƙwaya da ra'ayinka, kada ka rage. Ka sha ruwa in ka ji ƙishirwa, in ta kwanta ka ajiye kofi, ko da wa ya ce maka yawan shan ruwa lafiya ne. In ka ji ciwon kai da tashin zuciya, ka ga kuma fitsari ya ɗauke, wannan ba na jira ba ne. Haka in gudawa ko amai ya kama ka, asibiti za ka nufa ba kemis ba. Maganar azumi kuwa, likitarka za ka kira kafin wata ya kama. In ta ce ga yadda za ka yi, ka yi. In ta ce a'a, ka ciyar, ka ci abincinka a ɗaki, ka bar masu magana su yi. Wanda ya wajabta azumin shi ya yi rangwamen, kuma ya fi abokanka sanin abin da ke cikin kanka.

Maganin kuma ka raba shi biyu, rabi a jaka, rabi a aljihun rigar da ke jikinka. Kada ka bari a jefa shi but ɗin mota rana ta dafa shi. Kada ka jira ya kusa ƙarewa kafin ka nemi wani, ka san ko a Kano ba kowane kanti ke da shi ba, balle garin da ba ka sani ba. Ka kuma nemi mutum ɗaya a ɗakinku, ko Bayarabe ne ko Ibo, wanda ka ga yana da hankali, ka gaya masa komai, ka nuna masa inda ƙwayar take. Ba sai ka tara jama'a ba. Mutum ɗaya da ya sani ya fi ɗari masu yi maka fifita.

Na san inda ka koyi ɓoyon. Da muka dawo daga Kano mata suna shigowa dubiya, ni ce nake cewa, "Ɗan aikin hanci ne aka yi masa." Kana kwance a ɗaki kana ji na. Tsoro nake kada a ce an taɓa maka ƙwaƙwalwa, kada gobe ka je neman aure a ce gidan kaza ba a ba su. Na rufe maganar, kai kuma ka ɗauka abin kunya ne. Ba abin kunya ba ne. An shiga cikin kanka an fito, ka tashi da idonka biyu, ka gama jami'a, ga shi ƙasa tana kiran ka. Tunda na ambaci aure, yarinyar nan ta Babura da kake zagayawa bayan rumbu in ta kira, kana zaton ba a sani ba, ita ma ka gaya mata kafin manya su shiga maganar. In ta tsaya, ka sami mata. In ta gudu, gara yanzu. Bayan rumbun nan dai ya ga abubuwa, daga katifa zuwa waya.

Hannuna ya gaji, takardar ma ta kusa cika. Saura abu ɗaya. Duk lokacin da ka kira gida kana makaranta, in na ɗauka sai in ce, "Lafiya dai ko?" in miƙa wa Rukayya. Wannan karon in ka sauka ka kira, ni zan ɗauka, kuma ba zan miƙa wa kowa ba. Ina neman abu mai wuya a wurinka, ka tsaya gaban baƙi ka faɗi abin da kake jin nauyin faɗa. Bai kamata in nema ba alhali ni ban yi nawa ba. Yau da safe da kuka tafi sallama gidan Goggo, na je garke na tsaya gaban kwamin nan na gwada. Sunanka na kira, ya kuma fito. Shanu ne kaɗai shaidata. In ka ji an kira ka da wata murya da ba ka saba jin sunanka a cikinta ba, kada ka ɗauka kuskuren lamba ne ka kashe.

Allah ya kai ka lafiya, ya dawo mana da kai lafiya. Ya tsare ka daga sharrin hanya da na ruwa da na mutum. Ya haɗa ka da masu tausayi, ya buɗe bakinka a inda shiru zai cuce ka. Babanka yana sa maka albarka, ƙannenka suna gaishe ka.

Ka sha ruwa, Yunusa. Yunusa, ɗana.

Wassalam.

Ni ce Adda,
mahaifiyarka.